Faifan da Gawa ke Ɓacewa

Baba Ɗanmusa, mai shagon da na buɗe gidan gem, wato wasannin bidiyo na talabijin, a Bodinga, ya aiko mini da saƙo: ran Asabar bayan la'asar zai zo ya ga abin da samari ke kallo. In bai gamsu ba, in mayar masa da makullinsa. Shi ke wankan gawa a unguwarmu, kuma ba ya maimaita magana.

Abin da samari ke kallo kuwa wasa ne na matattu da suka tashi suna bin mutane, kai kuma kana sararsu da adda. Jini har bango. Gawawwaki su taru a titi kamar buhunan albasa ranar kasuwa. Gaskiya na tsorata, don shagon nan shi ne tuwona.

Sai na tuna da Maniru, mai gidan gem a garin Shagari. Wasanmu ɗaya, amma nasa faifan an buga shi ne don wata ƙasar Turai da hukumarta ba ta son jini. A nasa jinin kore ne, kan matacce ba ya fita, gawa kuma tana faɗuwa sai ta ɓace. Samarin Shagari sun raina shi, suna kiransa miyar kuka. Na hau babur na je na aro, ina ta yaba wa kaina wayo.

Baba ya zo, ya zauna a benci, na kunna. Na sare na farko, kore ya fantsama. Gawar ta faɗi, ta ɓace.

"Mijinyawa, ina gawat tat tahi?"

"Ta ɓace, Baba. Haka Turawan suka gyara shi, saboda tarbiyya."

"Wa yaɗ ɗauke ta?"

"Ba kowa."

"To danginta mi za su bizne?"

Na san wasan nan ciki da bai, amma ban taɓa tunanin matattun suna da dangi ba. Sai a lokacin na tuna abin da duk Bodinga ta sani: shekara goma sha ɗaya ke nan da ruwa ya tafi da ɗansa Hamza a fadamar Danchadi. Baba ya wanke gawar rabin unguwa, ta ɗansa ce bai samu ba. Kunya ta kama ni.

Ashe labarin zuwana Shagari ya riga ya kai masa. Ya ce, "Sa mini wancan da kab ɓoye."

Na sa. Jini ja, gawa a kan gawa, kowace tana nan inda ta faɗi. Ya daɗe yana kallo, hannunsa a kan sanda.

"Wanga shi za ka bari. Na Shagari ka maishe musu abinsu."

Ya miƙe, bai tambayi makulli ba. A bakin ƙofa ya waiwayi talabijin.

"Waɗanga ko ba komi, in masu su sun zo, suna iske su."