Rasit na Watan Bakwai

Rasit goma sha ɗaya Shiru-shiru ta jera a kan teburin yanka, Baba Tela na kwance a bayan keken ɗinkinsa yana tari. Saura ɗaya.

Kwana huɗu ke nan da aka kawo masa sammaci. Kamfanin da ya sayar masa da keken, biya wata-wata har shekara, ya kai shi kotu wai bai biya ba. Shi kuwa tuni ya sa an goge masa rigarsa ta fita, yana jiran ranar da zai tsaya gaban alƙali ya faɗi gaskiya da bakinsa. 'Yar maƙwabcinsa, wadda yake kira Shiru-shiru tun tana rarrafe, ita ta karanta takardar har ƙasa. Ƙarar gaggawa ce. In bai shigar da rubutacciyar rantsuwa cikin kwana biyar cewa yana da ja ba, tare da shaidarsa, ba mai sauraron bakinsa, hukunci za a yanke a ɗauke keken.

Ya biya kam, har na ƙarshe. Sai dai Baba Tela bai taɓa sayen littafin awo ba. Duk takardar da ta zo hannunsa, bayanta yake rubuta wuya da kafaɗa, ya cusa ta cikin ledar kayan wanda ya kawo ɗinkin don ya dawo da ita wani jiƙon. Haka rasitan suka watsu cikin unguwa.

Ita da gaisuwa ma ke mata nauyi, ta bi gida-gida. Matar mai kanti ta zazzage akwati tana mita. Direba ya ciro nasa a aljihun wando, ya sha wanki amma hatimin na nan.

"Shiru-shiru, yau kin yi maganar shekara guda," in ji Baba Tela da ta dawo.

"Baba, na watan bakwai fa? Wa ka auna?"

Ya daɗe yana kallon rufi, numfashinsa na fita da ƙyar. Can ya yi ɗan murmushi. "Wata mai kunya ce. Ta ƙi ɗaga hannu, sai da na cinki awon hammatar."

Ashe ita yake nufi. A ƙasan akwatinta ta sami rasit ɗin, cikin ledar rigar da ta sa ranar kammala jami'a.

Washegari da hantsi ta zo da rantsuwar a buge, don ta raka shi kotu ya sa hannu. Ta tarar da takalma a ƙofar ɗakin. Matarsa na zaune a ƙasa, ta ce ya nemi ruwa, kafin ta kawo ya cika. Da mutane suka ragu ta jawo ta kusa.

"'Yata, za su ɗauke keken?"

"Tashi mu je, Inna. Yau ce ta biyar."

Magatakardan kotu ya saurare su, ya ce mutuwa ta tsayar da ƙarar, sai an sa magada a madadinsa, su ma kuma suna da ikon ja. Ya karɓi takardun yana dubawa, ya juya na watan bakwai ya tambayi ma'anar lambobin.

"Awona ne," ta ce a hankali.

Da suka dawo, Inna ta sauko da gogaggiyar rigar daga ƙusa, ta lulluɓe keken da ita saboda ƙura. Zaren da ya sa na ƙarshe yana nan cikin allura.