Wasan Ƙarshe na Hajiya Yasmin

"Sake! Ba haka ake yi ba, Sabuwa. Wadda aka kora daga gidanta ba ta ɗora hannu a ka. Waige-waige take, tana neman abin da za ta iya ɗauka."

Sabuwa ta sauke hannuwanta, matan da ke zaune a tabarma suka kwashe da dariya. Ita da ta aurar da jika, yau ga ta tsaye a tsakar gidan maƙwabciyarta ana koya mata yadda ake firgita.

"Hajiya, ni fa mai ƙosai ce. Ki bar ni da kaskona."

"Saya a nan!" in ji Hajiya Yasmin, tana nuna ƙasa da sandarta.

"Tsaya" take nufi. Ta fi shekara arba'in a Funtuwa, Hausa ta zauna mata a baki har da karin magana, amma "tsa" ta gagare ta. 'Yan kasuwa sukan ce babu mai albarka irin Balarabiya, ko faɗa take yi maka cewa take ka saya.

Bafalasɗiniya ce, haifaffiyar wani ƙauye kusa da Nablus. Tana budurwa yaƙi ya kore su, suka tsallaka kogi zuwa Jodan da ƙafa. A can ta fara wasan kwaikwayo a dandamali, daga baya ta koma Beirut ta zama 'yar jarida, har ta riƙe editan wata mujallar mata. A nan ta haɗu da Jibril, ɗan Funtuwa da ya je karatun aikin gona. Da wuta ta sake tashi a Beirut, ya ɗauko ta ya kawo ta gidan da ke jingine da katangar Sabuwa. Ranar da ta sauka, yaran unguwa har kan katanga suka hau don kallo. Sabuwa ce ta koya mata tuƙa tuwon masara ba gudaji, ita kuma ta koya wa Sabuwa karatun boko da tsofaffin jaridu. Bayan rasuwar Alhaji Jibril kowa ya ɗauka za ta tattara ta koma wajen danginta. Sai ta buɗe wata ƙaramar jaridar mata da Hausa, tana bin ƙauyuka a bayan babur, tana rubuta abin da ya dami matan karkara: rijiyar da ta ƙafe, asibitin da babu ungozoma, takin da bai iso ba.

Yanzu ciwon zuciya ya zaunar da ita. Ƙafafunta sun kumbura, magana biyu sai ta tsaya ta ja numfashi. Amma da 'yan bindiga suka tarwatsa wasu ƙauyuka can gaba da Mahuta, aka zube mutanen a makarantar firamare ta unguwar, ita ce ta fara aika musu da tukunya. Da aka ce su tashi kafin a dawo daga hutu, ba tare da an nuna musu inda za su ba, ta yi rubutu, Mansur ya karanta a rediyo. Mansur tsohon yaronta ne a jarida, yanzu furfura ta fara fito masa. Rubutun bai motsa kowa ba.

"To," ta ce, "kunne ya ji ya manta. Bari ido ya gani."

Shi ne ta tara matan, kowacce ta ba da labarinta, ita kuma ta ɗinke su ya zama wasa. Babban matsayi na Atu ne, wata Kirista doguwa marar yawan magana, wadda aka kashe mijinta Isaiah a bakin rumbunsa. Sabuwa kuma za ta fito a matsayin uwar mijin.

A ranar gwajin nan, Atu na cikin faɗin nata, sandar Hajiya ta faɗi ƙasa. Kanta ya langaɓe gefe. Sabuwa ta riga kowa isa wurinta, tana salati, tana yayyafa mata ruwa.

Washegari Bushra, 'yarta tilo, ta iso daga Abuja. Likita ya gaya mata gaskiya: zuciyar ta gaji. Ta shigo ɗaki ido jawur, ta samu Sabuwa na shafa wa uwar man zafi a ƙafa.

"Umma, na yi magana da su Khala, 'yar'uwarki, a Amman. Akwai asibitin zuciya mai kyau. Jibi za mu wuce Abuja mu hau jirgi."

"Wasa ranar Asabar ne."

"Wane wasa, Umma? Ranki ake magana! Inna Sabuwa, don Allah ki sa baki."

 A ranta Sabuwa tana so a tafi da ita ko Allah zai sa a dace, amma ta san wadda take zaune da ita.

Hajiya ta kamo hannun 'yarta. "Bushra, sau biyu ana fitar da ni daga gida ba da son raina ba. Na farko soja ne, na biyu bama-bamai. Kar ki zama ta uku, 'yata."

Bushra ta kifa kai a gefen gadon ta yi kuka mai isarta. Da ta ɗago sai ta ce, "To a motata za ki je. Kuma ba za ki yi wa kowa tsawa ba."

"Wannan kam ban yi alkawari ba."

Ranar Asabar da la'asar filin makarantar ya cika. Masara ta fara bushewa a gonakin bayan katanga, iska na kaɗa ta tana ƙara. An jera wa manya kujeru a gaba: mai unguwa, liman, fasto, da jami'in da ya sa hannu a umarnin tashin. Mansur ya kafa na'urarsa. Aka kawo Hajiya aka zaunar a gefe, cikin wata baƙar riga mai jan ɗinki a ƙirji, irin ta matan ƙasarsu. Sabuwa ba ta taɓa ganinta da ita ba.

Barandar aji ce dandamalin. Da farko mutane dariya suke yi, musamman da suka hango mai ƙosan unguwa ta ɗaure kai tana faɗa da suruka a kan gishiri. Da Sabuwa ta ji dariyar sai ta ƙara wa faɗan yaji. Can aka buga gwangwani a bayan aji, alamar harbi. Yaran 'yan gudun hijirar da ke zaune a gaba suka zabura da gaske, wasu suka ruga. Dariya ta ɗauke.

Atu ta fito tsakiya. Nan ne za ta faɗi abin da ya faru da safiyar nan. Ta buɗe baki, ta dubi taron, ta dubi manyan da ke kan kujeru. Babu abin da ya fito. Hannuwanta sun damƙe zane. Shiru ya yi tsawo har aka fara gunaguni. Jami'in ya duba agogonsa, ya sunkuya ya ce wa na kusa da shi wani abu.

Sai Sabuwa ta ga Hajiya na yunƙurin tashi. Bushra ta riƙe ta, Hajiya ta ture hannun. Ta dogara sanda ta taka har gindin barandar. Muryar da ta fito ba ta marar lafiyar nan ba ce. Murya ce mai cika fili, wadda har masu gyaɗa a bakin ƙofa suka ji.

"Ni ma na bar tukunya a kan wuta," ta ce. "Miyar wake ce, uwata ta ce in duba ta. Aka ce mu fita, gobe za mu dawo. Ban sauke ta ba. Yau na tsufa, har yanzu in na ji ƙauri sai gabana ya faɗi." Ta ɗaga kai ta dubi Atu. "Ke fa, 'yar'uwa? Me kika bari a wuta?"

Wannan ba ya cikin wasan. Sabuwa ta san kowace kalma ta wasan, kuma duk zamansu ba ta taɓa jin zancen tukunyar nan ba.

Atu ta dube ta. "Kunu ne," ta ce a hankali. Sai ta ƙara da ƙarfi, "Kunu ne na dama wa Isaiah, zai tafi gona." Daga nan magana ta ɓalle mata. Ta bar abin da aka koya mata, ta faɗi nata: yadda ya fita da fartanya a kafaɗa, yadda ta kwanta cikin dawa da yara a ƙarƙashinta, ta toshe bakin ƙaramin da tafin hannu. Ta juya ga kujerun gaba. "Ba sadaka muka zo nema ba. Manoma ne mu. Ku nuna mana inda za mu sa fartanya, mu ba 'ya'yanku ajinsu."

Babu wanda ya yi tafi. Liman ya sa gefen rawani yana share ido. Wani dattijo mai gonaki a hanyar Maska, Alhaji Shitu, ya miƙe ya ce yana da fili da ba ya nomawa, su zo su zauna su noma har ƙura ta lafa. Wani ma ya miƙe ya ce shi zai kawo kara da azara. Jami'in ya karɓi makirufo ya yi 'yan kame-kame, a ƙarshe dai ya faɗa a gaban jama'a cewa ba za a tashi kowa ba sai an gama kafa matsuguni. Mansur ya tabbatar na'urarsa ta ɗauka.

A mota Hajiya ta jingina da kafaɗar Sabuwa, gumi ya jiƙe ta, numfashi sama-sama.

"Kin yi kyau," ta ce. "Amma kin juya wa mutane baya wajen faɗan gishiri."

Daga ranar ba ta sake fita tsakar gida ba. Mata na shigowa gaisuwa rukuni-rukuni, wasu daga Tsiga, wasu daga Malumfashi, waɗanda ta taɓa zama a tabarmarsu tana rubuta maganarsu. Mansur ya zo da rahoton da zai watsa, ya tsuguna a bakin ƙofa yana karanta mata. Ya kira ta gwarzuwa, fitilar mata, uwar marayu.

"Mansur," ta katse shi, ido a rufe. "Labarin wa kake bayarwa?"

"Naki, Hajiya."

"Ni aka ce in tashi daga makaranta? Cire fitila. Cire gwarzuwa. Fara da Atu, ka faɗi sunan mijinta daidai. In wuri ya rage ka ce wata tsohuwa ta taimaka."

Ya yi dariya hawaye na zubo masa. "An gama, Edita."

Da hantsin wata Laraba ta ce Bushra ta je ta haɗa mata shayi. Da suka rage su biyu ta juyo ga Sabuwa.

"Ke za ki wanke ni. Ki sa Bushra kusa da ke, ta koya. A kai ni gefen Jibril."

"Haba Hajiya, daina wannan magana."

"Ke ma yanzu wasa kike yi, kuma ba ki iya ba." Ta yi murmushi. Sannan ta fara ba ta labarin ƙauyensu: duwatsu farare, itatuwan zaitun da suka girmi kakan kakanta, yadda ake shimfiɗa zannuwa a ƙasa lokacin girbi, yara na kakkaɓo 'ya'yan da sanda. Sannu a hankali Hausar ta zame ta koma Larabci. Sabuwa ba ta fahimta, amma ta riƙe hannunta tana cewa "na'am" duk inda ta tsaya. Da ta ji kalmar shahada, wannan ta gane, ta taya ta. Kafin Bushra ta shigo da shayin, an gama.

Sabuwa ta cika alkawari. Ita ta yi wankan, Bushra na zuba mata ruwa, Atu da sauran matan suna jido shi daga famfo ba wanda ya sa su. Bayan azahar aka yi salla a ƙofar gida, sahu ya miƙe har ya toshe titi. Mazan da ke gudun hijira a makarantar nan, Musulminsu suka shiga sahu, Kiristansu suka tsaya a gefe suna jira, da aka ɗaga makara suka matso suna karɓa kafaɗa bayan kafaɗa.

Sabuwa na tsaye a bakin zaure tana kallo. Wata baƙuwa da ke wucewa ta tambaye ta wace babbar mace ce ta rasu haka.

"Maƙwabciyata ce," ta ce.

Wata babbar mota shaƙe da buhunan masara ta taho daga wajen kasuwa, ta tarar da hanya a cike. Direban bai danna ham ba. Ya kashe inji, ya sauko, ya gyara hularsa ya bi bayan mutane. Taron ya sha kwana ya ɓace. Motar na nan tsaye a tsakiyar titi, ƙofarta a buɗe, kurciyoyi sun sauko suna tsintar ƙwayoyin da suka zubo daga wani buhu.