Minti Ukun Anti Maud

"Matsar da kanka, Bramwell, ba sanƙonka muka taru mu kalla ba," in ji Anti Maud daga gadon da aka sauko mata da shi falo tun da likita ya ce da wuya ta ga Kirsimeti.

Mista Bramwell, tsohon mahaucin layinmu, ya ja kujerarsa gefe. Mu bakwai ne gaban talabijin, ranar Lahadi da la'asar. Gidanmu ne ke manne da nata, ni kuwa a ganina garinmu Worthing bai taɓa samun mace irinta ba.

Shekara arba'in tana fitowa a fim: 'yar aiki, mai gidan haya, gwaggon amarya. Ta shigo da tire, ta fita. Wasannin talabijin na farko kuwa kai tsaye ake yin su, babu wanda ya adana. A fim ɗaya tak aka ba ta minti uku tana gaya wa uwar ɗakinta gaskiya kafin ta bar aiki. Shi za a nuna ran nan. Maƙwabciyarmu Misis Oakes ta daɗe tana cewa ƙarya ce.

"Ga ni can," in ji Anti Maud. Wata siririya ta wuce da tire a fim ɗin. "Ku bari a gama liyafar."

Aka gama liyafar. Sai tallar sabulu. Da aka dawo, gari ya waye a fim ɗin, wata sabuwar 'yar aiki ce ke buɗe labule. Tashar ta yanke wurin don talla ta sami shiga.

Misis Oakes ta soma tattara kofuna.

"Ko a wani fim ɗin ne, Maud?" in ji Bramwell. "Shekaru sun ja."

"Kai dai tsaya ga tsiran aladenka," in ji ta, sannan ta juyo gare ni. "Cecily, kashe abin nan, ki tallafe ni."

Na sa mata filo biyu. Ta dubi Misis Oakes. "Ke ce uwar ɗakin. Kada ki ce komai, ita ma ba ta ce ba."

Muryar da ta fito daga bakin Anti Maud ta yarinya ce. "Shekara goma sha ɗaya ina taje miki kai, ranki ya daɗe, ba ki taɓa tambayata sunan uwata ba." Sau biyu numfashi ya yanke mata, ta jira shi, ta ci gaba har ƙarshe. Misis Oakes na tsaye da kofuna a hannu, kanta a ƙasa.

"A fim ɗin na fi haka sauri," in ji Anti Maud. "A ƙaro shayi."

Ranar Alhamis da safe ta rasu.

Bayan jana'iza Misis Oakes ta ƙwanƙwasa ƙofarmu. "'Yar nan, ke da kika fi kowa zama wurinta, yaya sunan mahaifiyarta?"

Na ɗauko littafin da nake rubuta labaranta a ciki. Tana tsaye a bakin ƙofa, yayyafi na sauka a baƙar hularta, ina ta buɗe shafi bayan shafi.