Asun da Ya Ci Mayafin Inna

Ranar Asabar da hantsi na buɗe akwatin ƙarfen da ke ɗakin ajiya don in shanya mayafin Inna. Na ulu ne, ya koɗe har ba ka iya cewa ga launinsa. Amma shi kaɗai ya rage mini na mahaifiyata, Allah ya jiƙanta, kuma in ka kai hanci har yanzu da ƙamshinta.

Ina ɗagawa na ga huda uku, ga wasu fararen tsutsotsi kamar ƙwayar shinkafa suna ta aikinsu. Na ce innalillahi, asu! Na naɗe shi na nufi igiyar shanya, don rana ce maganinsu.

A bakin ƙofa na ci karo da 'yata, wadda muke ce wa Malamar Ƙwari. Tun tana rarrafe take bin tururuwa, yanzu kuma wai aikinta ke nan, ofis guda aka ba su suna ƙirga ƙwari. Ta leƙa mayafin, sai ta damƙe mini hannu.

"Mama, don Allah tsaya. Koma ciki."

"Ke, sake ni, girki na bari a kan wuta."

Ta ja ni ɗakin ajiyar ta rufe ƙofa. Da duhu ya zauna, sai ga ɗigon haske a wutsiyar kowace tsutsa, kamar kan ashana da bai gama mutuwa ba.

"Asun fitila ne, Mama!" in ji ta.

Na taɓa jin labarinsa a bakin Inna. Ta ce suna yara in ya fito da damina har zare ake sa wa allura da haskensa. Ni ban taɓa gani ba. Malama ta ce shekara goma sha ɗaya ofishinsu bai samu ko ɗaya ba, kafur da tufafin roba sun ƙarar da shi.

Nan ta zauna ta yi mini karatu. Wai uwar ba ta yin ƙwai sai a ulu tsantsa, wanda mutum ɗaya ya daɗe yana yafawa. Tsutsar in ta fara cin tufa ɗaya, gara ta mutu da yunwa da ta taɓa wani, don haka ba a canja mata wuri. Kwana arba'in tana ci, kwana tara tana naɗe cikin saƙarta. In ta fito da fukafukai ba ta da baki sam. Kwana uku gare ta a duniya, duk abin da ta ci haske yake zama, da shi take kiran mijinta. Hasken kuma launin tufan yake ɗauka.

Na ce, "Na ji. Me zai rage na mayafin?"

Ta sunkuyar da kai. "Gefe-gefensa, Mama. Ba zan miki ƙarya ba."

Babansu yana tsakar gida yana gyaran rediyo, ashe duk yana ji. Ya ce, "Ikon Allah. Ni shekara talatin ko taɓa mayafin nan ba a bar ni na yi ba, yau tsutsa za ta ci ta yi gyatsa."

Na ce, "Kai haske kake yi in ka ci?"

Ya koma kan rediyonsa.

Malama so take in bar musu mayafin, amma ban ba ta amsa ba sai da na yi azahar. Ina kan sallaya nake ta juya abin. Akwatuna nawa ne a garin nan? Amma Wanda ke ciyar da kowa a nawa ya ajiye musu rabonsu. Na ɗauki mayafin na shaƙa sosai, na yi kukana ni kaɗai, na mayar da shi akwati na bar murfin a ɗage.

Kwana arba'in ɗin nan ba daɗi. In ka kasa kunne kana jin cinsu, sif-sif, kamar yayyafi. Malama kullum tana ciki da littafi da abin awo. Ni na daina shiga, sai dai in tambaya daga ƙofa, "Baƙin naki sun ƙoshi?" Da suka gama, ta ce sun jeru a gefen ɗinkin, kowa cikin saƙarsa, su ashirin da shida.

Ta riga ta gaya mini kada in sa rai da wani kyau, tunda mayafin ya koɗe, hasken toka-toka zai yi.

Rana ta tara da shigarsu saƙa ina tsakiyar wanki ta ƙwala mini kira. Na shiga da kumfa a hannu, ta rufe ƙofa.

Kore. Kore shar, kamar sabon ganye bayan ruwa. Duk ɗakin ya ɗauka, har tsoffin tukwane da ke jere a kan kantar ɗakin. Matan sun lafe a bango haskensu tsaye, mazan na kewaya su suna kunnawa suna kashewa. Fiffiken kowanne bai fi tafin jariri ba. Ɗaya ya sauka a wuyan hannuna, ba zafi ko kaɗan, sanyi ma yake, ina ganin kumfar sabulun tana ƙyalli.

Malama ta ce, "Ban gane ba. Daga ina kore ya fito?"

Na ce, "Launinsa ke nan. Haka yake ranar da Inna ta fara yafa shi, ina 'yar shekara bakwai, ta goya ƙanena da shi muka tafi asibiti."

Ta ce babu littafin da ya faɗi haka. Na ce to ki rubuta, ke ce Malama. Ni dai subhanallahi kawai nake yi, har ruwan wankina ya huce.

Abin da ya rage na mayafin bai fi ɗamara ba, kuma ƙamshin ya tafi. Na shaƙa sau biyu don in tabbata. Ina ninke shi Malama ta matso tana sosa ƙeya, wai jibi za su nemi wurin ƙwai, kuma rigar sanyin nan tawa mai maɓallai ai ulu ce, shekara tara ina sa ta.

Na ce, "Bari in cire maɓallan tukuna, suna da amfani."