Farin Ɗakin Baba

Bututun ruwa ya fashe a cikin bangon ɗakin Baba ana saura kwana biyar a sallamo shi daga asibiti. Mai gyaran famfo ya fasa bango ya toshe, magini ya shafe ramin da siminti, aka bar tabo mai faɗin katifa a saman gado.

A wani gidan wannan ƙaramin abu ne. Amma shekara biyu ke nan Baba yana sakin abubuwa ɗaya bayan ɗaya. Ya saki ranakun mako, ya saki sunayen jikoki, daga baya ya saki na 'ya'yansa biyu, kowa ya koma “bawan Allah” ko “baiwar Allah”. Ɗakinsa kaɗai ya riƙe. A ciki yake cin abinci, yake barci, har ya yi wa rediyo gardama. A asibiti kuwa cokali uku ne iyakarsa. Likita ta faɗa ba ɓoye-ɓoye: karayar ƙafa ta warke, amma in bai koma cin abinci ba, ba ƙafar ce za ta kai shi ƙasa ba.

Babban ɗansa malamin falsafa ne. A gida ana kiransa Farfesa, muƙamin da jami'a ta yi shekara goma sha ɗaya tana nazarin ko za ta ba shi. Darasin da ya fi so shi ne na motarsa: an sauya mata inji, an sauya ƙofofi da kujeru da gilashi, to ita ce dai wadda ya saya ko wata ce? Ɗalibai sukan ce a ga motar tukuna. Ƙanwarsa Auta kuwa halayyar ɗan Adam ta karanta, aikinta sauraren mutane a wani ɗaki mai kujeru biyu, tana gyaɗa kai.

Ranar Litinin suka kira mai fenti, wani dattijo siriri mai farce launi bakwai. Ya tsaya tsakiyar ɗakin ya daɗe yana kallo.

“Wane launi za a yi, Malam?”

“Yadda yake,” in ji Farfesa. “Fari.”

“Fari ne,” in ji Auta. “Tun muna yara.”

Mai fenti ya zaro takarda daga aljihu, ya manna ta a bango da ɗan yatsa. Takardar ta yi haske kamar an kunna mata fitila. Bangon kuwa, a gefenta, ya koma launin shayin da aka yi wa rowar madara.

“Wannan ba fari ba ne, ranka ya daɗe. Ya taɓa zama fari. Ido ne mai kara. In ya san abu da fari, haka zai yi ta nuna maka shi, ko da rana ko a inuwa, ko bayan shekara arba'in.”

Farfesa ya yi murmushin da yake yi wa ɗalibin da ya yi ƙoƙari. Ya ce ainihin bangon fari ne, abin da ya hau kansa baƙo ne, kuma Baba ainihin yake riƙe da shi, ba dattin ba. Auta ta ce Baba ya koma zamanin da Inna ke da rai, a zamanin nan kuwa bangon sabo ne fil. Wannan ne karo na farko cikin shekaru da bakinsu ya zo ɗaya, don haka babu wanda ya yi zargin komai.

“To,” in ji mai fenti. Ya nannaɗe hannun riga.

Ranar Alhamis da hantsi aka shigo da Baba a keken marasa lafiya. An mayar da komai wurinsa: gado, rediyo, agogon bango, kujerar da ƙafarta ɗaya ke kan littafi. Rana ta shigo ta taga ta rasa inda za ta zauna, sai ta cika ko'ina. Ɗakin ya yi kamar ana kallonsa ta cikin ruwa, kusurwoyinsa sun narke, agogon yana yawo a kan farin kamar ba ƙusa ce ta riƙe shi ba.

Baba ya duba hagu, ya duba dama. Ya gyara wuyan rigarsa.

“Masauki ya yi kyau,” ya ce da Auta cikin ladabi. “A gode wa masu gida. Yaushe za a mai da ni?”

“Baba, ai gida ne nan. Ga rediyonka.”

“Irinsa ne, baiwar Allah. Ni ma ina da irinsa.”

Aka kawo abinci. Ya ce Alhamdulillahi, a ƙoshe yake, ba ya son ɗora wa mutane nauyi. Haka ya wuni a bakin gado, hannuwa bisa gwiwa, irin zaman mai jiran mota. Washegari ma haka, sai dai ya sha ruwa rabin kofi don kada masu gida su ji kunya.

A baranda Auta ta ce, murya ƙasa-ƙasa, “Jariri sai ya yi watanni kafin ya gane cewa uwarsa tana nan ko ta fita daga ɗaki. Baba hanyar nan yake bi da baya. Abin da ido bai ba shi ba, babu shi.”

“Kin faɗi haka ranar Litinin?” in ji Farfesa.

“Kai fa, Yaya? Ina ainihin naka? Ɗauko ka zuba masa a kwano.”

Farfesa ya ciro waya ya kira mai fenti. Ya fara da dogon bayani, mai fenti ya ce yana tafe.

Da la'asar ya iso da bokitin fari da ƙananan gwangwanaye guda huɗu. Tsohon launi bai rage ko'ina ba, domin ya yi aikinsa tsakani da Allah, har bayan kabad. Don haka ya shimfiɗa jarida a ƙasa, ya durƙusa gaban Baba, ya fara ɗiga rawaya a cikin farin, ɗigo-ɗigo, yana juyawa da sanda.

Baba ya sunkuyo yana kallo. Rawayar ta yi zare, ta kewaya, ta nutse. Mai fenti ya ƙara ɗigon ƙasa-ƙasa, sai ɗan baƙi kamar ƙwayar ido. Ya shafa a bango, faɗin tafin hannu. Ya ja da baya, ya girgiza kai, ya koma.

“Me kake zubawa haka?” in ji Farfesa.

“Hayaƙin fitila, Malam. Da man gashi, inda ake jingina kai. Wannan kuma tururin shayi ne.” Ya ɗiga wani. “Wannan hannun yara.”

“Yaya ne,” in ji Auta. “Ni ban taɓa shafa hannu a bango ba.”

Tabo ya bi tabo, kowanne ya ɗara na baya duhu kaɗan. Rana ta sauko, ta bi su ɗaya-ɗaya tana leƙawa. Ƙamshin fenti ya yi nauyi, ƙarar agogo ta yi nisa. Farfesa ya ga kansa ɗan shekara shida kwance da zazzaɓi a gadon nan, yana kallon inuwar labule tana kai da komo, Inna tana fifita shi da murfin kwali. Ya yi ƙoƙarin ganin launin bangon a ranar. Fari ne. Ko yanzu aka sa shi rantsuwa, fari ne.

A tabo na tara mai fenti ya tsaya. Ya ɗauki babban burushi ya fara bin bangon da ke fuskantar gado, daga sama zuwa ƙasa. Launin tsohon haƙori yana cinye farin a hankali. Ya kai rabi, ya wuce rabi.

“Kai,” in ji Baba, idonsa a kan wajen da aka shafa.

Mai fenti ya juyo.

“Wa ya ce ka taɓa mini bango? Farin bangona lafiya lau, ka zo kana shafa masa ruwa. Kwashe tarkacenka.” Ya juya wajen Auta, fuska a ɗaure. “Ke kuma kin tsaya kallo. Mutum ya wuni a ɗakinsa, ba wanda zai tambaye shi ko ya ci wani abu?”

Auta ta fita da sauri har ta yi tuntuɓe da bokiti. Mai fenti ya tattara gwangwanayensa, ya ba Baba haƙuri sau biyu. Sauran bango uku da ɗan kusurwa suka tsaya da farinsu na kanti. Farfesa ya juya kujera yadda Baba zai ba su baya.

A bakin ƙofa mai fenti ya tsaya yana goge hannu da tsumma.

“Sai dai fa ɗanye ne, Malam. In ya bushe launin zai ɗan tashi, ya ƙara haske.”

“Sosai?”

“Kaɗan. Ni da kai ba za mu gani ba.”

Daga ciki ana jin cokali yana bugun kwano. Farfesa ya koma ya rufe taga, ya saki labule, don kada iska ta yi saurin busar da shi.