Ƙwaryar da Ke Kan Hanya

…Bakari mai kwalekwale ne ya fara gaya min, na kuwa ce masa tsufa ya taɓa masa kai. Wai an ga mijina. Wane mijin? Wanda na yi wa takaba shekara talatin da huɗu da suka wuce? Ya ce, "Iya Asabe, ke dai shigo jirgi." Na shiga. Ga ni yanzu a ƙolin hasumiyar masu duban lokaci, tsakiyar fadamar Auyo. Matakala saba'in da biyu, Malam, mijina. Saboda kai. Ko a aikin Hajji ban hau abu haka ba.

Ikon Allah… ikon Allah! Ashe in kogi ya janye ba ruwa kaɗai yake bari a tafkuna ba, har lokaci yake bari. Wani na gudu, wani na kwance. Ga wani tafki can gabas, shinkafar bakinsa tana tsirowa, ta yi kai, ta nuna, ta zube, ina kallo, ko goron bakina ban gama taunawa ba. Ga belbela can a sama, fiffike a buɗe — wai tun kafin a gina hasumiyar take sauka, har yau ƙafarta ba ta taɓa ruwa ba. Ni da ko agogo ban iya karantawa sosai ba, me ya kawo ni nan?

Zaituna, ma'aikaciyarsu, 'yar mutanen Birniwa, ta kama kafaɗata. "Iya, sa ido ɗaya a madubin hangen nesan nan, ki rufe ɗayan."

Kai ne.

Wallahi kai ne. Kwance bisa gorar su a wani tafki, homar kamun kifi a hannu, hular da na ɗinka maka ta karkace kamar kullum. Gemu baƙi wuluk. Malam, ɗanka yana da furfura da hawan jini, ya girme ka yanzu, ka ji? Kwana bakwai ana nemanka. Daga gaɓa ba a ganin komai sai ciyawar kacalla da ƙyallin ruwa, duk jirgin da ya matso sai filafili ya yi nauyi kamar ana tuƙi cikin kunu. Aka ce ruwa ya ci ka. Aka yi maka salla. Na daka gumbar sadakar uku, ta bakwai, ta arba'in… kai kuwa kana nan kana jiran tarwaɗa!

"Numfashinsa ɗaya, wata guda ne a wurinmu," in ji Zaituna. "Tun da ya shiga ko rabin awa bai yi ba."

Rabin awa. Haƙorana, auren 'ya'ya huɗu, ambaliyar da ta cinye mana soro, kabarin Inna — rabin awa?

"Akwai abin da ya ɗaure mana kai, Iya. Dubi hagunsa. Mu ƙore masu jan fenti muke sakawa don awo, wannan ba tamu ba ce."

Ba taku ba ce, 'yar nan. Tawa ce. Ga ɗinkin tsagar bakinta, ni na yi. Ga faifan da na rufe ta. Tururi… har yanzu tururi na fita ta gefe!

Haka muke yi, matan masu su. Ba ma shiga ruwa. Mu tsaya a gaɓa, mu ɗora ƙwaryar abinci, mu tura, mu ƙwala kira. Ran nan na tura. Ban yi kira ba.

Kwana ɗaya kafin ranar, a gaban baƙinka na Miga, ka ɗanɗana miyata ka ce, "Yau Asabe ta juye mana kasuwar gishiri." Suka yi dariya. Kai ma ka yi. Ina bayan zana ina ji, kunnuwana kamar garwashi. To, na ce, gobe ka sha ta lami. Tuwon shinkafa, miyar kuka, daddawa, busasshen kifi, komai na sa. Gishiri ko ƙwaya. Da gangan. Na tura maka, na juya, ina murmushin mugunta har gida.

Ban taɓa gaya wa kowa ba. Shekara talatin da huɗu ina cewa alhamdulillahi da bai kai bakinka ba, Allah ya rufa min asiri… ashe tana kan hanya. Saura kamu uku ta taɓa gorarka. Zaituna ta ce shekara uku ke nan, ko da 'yan watanni. Za ka buɗe faifai, ka sa loma — abu na ƙarshe da zai zo maka daga hannuna, fushi ne.

"In na ƙwala kira fa?"

"Ba zai ji ba, Iya. Muryarki za ta wuce shi kamar ƙiftawar ido."

"In na tura wata?"

Ta mayar da ido kan madubi. Yarinya mai tarbiyya, ba ta so ta ce min ba zan kai ba. Na sani. A wurinka rabin awa ne kawai a bayan tuwo. Ni kuwa… ina ni ina wasu talatin da huɗu?

Amma tsaya. Tsaya, Malam. Kai fa ba ka cin abu da zafi. Sai ka gama jefa homa. Sai ka wanke hannu, ka sake wankewa. Ka buɗe, ka bar shi ya sha iska, ka kalli gabas, ka kalli yamma… sau nawa na ce da kai nawarka za ta kashe ni?

Gari ya waye. Ga ni a gaɓa, inda na tsaya ran nan, Bakari na can cikin jirgi ya kau da kai. Ƙaramin ƙoƙo, mara nauyi, don ya fi gudu. Na zuba masa gishiri cike da tafin hannu. Na durƙusa, gwiwa ta ce ƙas, na tura iya ƙarfin tsohuwa.

"Malam! Ga gishiri nan!"

Ya tafi, ya tafi… ya tsaya cak a bakin kacalla. Ko dai yana tafiya ne idona ba ya gani?

Ka ci a hankali. Don Allah, yau ɗaya, kada ka yi sauri…