Kwaɗuwa Daga Hawa na Uku

Shekara uku Rahama tana nazarin kwaɗi a jami'a, kuma a shekara ukun nan duk wanda ya tambayi mahaifinta, Alhaji Sanda, abin da take karanta, sai ya ce "kimiyya" ya yi maza ya canza zance. 'Ya'yan abokansa daga nas sai mai haɗa magani, shi tasa ta ƙare a kwaɗo. Abin yana ci mata rai, amma ba ta taɓa faɗa ba.

Kwaɗin nata ba irin na bakin rijiya ba ne. 'Yan dazuzzukan Borneo ne, kore shar, masu zama can ƙololuwar bishiya, ba sa saukowa sai lokacin ƙwai. A watan Janairu, tsakiyar sanyin ƙanƙara na ƙasar Turawan da suke zaune, na'urar ɗumama ɗakin bincike ta lalace, malamarta ta amince ta kai biyu gida a akwatin gilashi, mace da namiji. Macen cikinta fal ƙwai. Wata goma sha takwas Rahama tana jiran ƙwan nan, don a kansa digirinta ya rataya.

Ranar Lahadi bayan azahar abokan Alhaji suka cika falonsu, hawa na uku a wani bene da ke titin Gate City. Rahama ta shigo da shayi. Alhaji Soumaïla, mutumin Maraɗi mai sayar da motoci, wanda musu bai taɓa wucewa ta gabansa ya ƙyale ba, ya hango akwatin ta ƙofar ɗakinta.

"Ɗiyata, mi kike kiwo can?"

Da ta sani da ta ce kifi. Amma ta ga mahaifinta ya ɗago kai yana saurare, sai bakinta ya buɗe. Ta ce tsakanin yatsunsu akwai fata mai faɗi, in suka diro daga reshe sai su baza ta kamar lema, iska ta ɗauke su taku ashirin ko fiye. Macen takan kaɗa kumfa ta manna a ganyen da ke saman ruwa, ta zuba ƙwai ciki, in 'ya'yan suka ƙyanƙyashe su faɗo cikin ruwan. Fatarsu kuwa da ita suke numfashi, ko gumin hannu yana ƙona su.

Soumaïla ya tuntsire da dariya. "C'est faux! Ba gaskiya ba ne! Kwaɗo ya tashi sama? Alhaji, an yi ma ɗiyarka wayo a lakwal, makarantar nan tasu."

Falo ya ɗauki dariya. Fuskar Alhaji Sanda ta ɗaure.

"'Yata ba ta ƙarya," ya ce.

Daɗi ya kama Rahama har ta rasa inda za ta sa kanta. Ta koma kicin ɗauko shinkafa tana murmushi ita kaɗai. Tana cikin zubawa ta ji an ja ƙofar baranda, sanyi ya daki ƙafafunta.

Ta fito a guje. Duk mazan sun fita baranda, mahaifinta a gaba, ya damƙe macen a tafin hannunsa.

"Baba, please! Don Allah, Baba, ƙwai gare ta!"

"Ke tsaya, mutuncinki nake karewa."

Ya cilla ta.

Ta kuwa tashi. Ta baza yatsunta, na gaba huɗu-huɗu, na baya biyar-biyar, fatar baƙa da rawaya ta buɗe, ta karkata ta kauce wa falwaya, ta sauka a hankali can tsakiyar wajen ajiye motoci. Rahama ba ta taɓa ganin ta yi tafiya mai tsawo da kyau haka ba, kuma ta tsani kanta da ta lura da hakan. Mazan suka ɗauki kabbara da tafi.

Tun da safe an riga an barbaɗa gishiri a wajen don narkar da ƙanƙara. Kafin Rahama ta gama sauka matakala, ba takalmi, kwaɗuwar ta yi tsalle biyu cikin gishirin ta tsaya. Koren ya fara komawa ruwan toka. Ta ɗauke ta, ta wanke ta da ruwan gorar da wata maƙwabciya ta miƙo mata, tana wankewa tana kuka. Ƙafafun suka miƙe a hannunta, rai ya fita.

Ta ɗaga kai. Mahaifinta ya leƙo ta baranda, fuskarsa cike da fara'a irin wadda bai taɓa yi mata ba.

"Rahama! Kin fitar da ni kunya, Allah ya yi miki albarka!" ya ƙwala. "Hawo ki kamo mini ɗayan, ya ɓuya a ganye. Soumaïla bai samu ya ɗauka a waya ba."